Marimbar Nomau da Galan Ɗin Baƙin Mai

Da kakar bana Nomau ya cika shekara goma sha ɗaya a ƙasa, Allah ya jiƙan shi. Kafin wani ya riga ni, bari in faɗa da bakina: labarin nan yana da wawa guda ɗaya tak, kuma ni ne. Ban san haka ba sai watan jiya. Shekaru na yi ina yawo da wautata cikin gari kamar tsohon soja da lambar girmansa, har ina jin haushin mutane don ba su tsaya sun gode mini ba.

Sunana Illa, amma a garinmu, wani ɗan ƙauye gabas da Galma, Mushe ake ce mini, wato "malam" da Faransanci, saboda na yi aji uku a lakkwal, makarantar boko, kafin babana ya gane awakinsa sun fi malamin buƙatata. Aji ukun nan su suka ba ni ƙarfin halin rubuto wa jarida, kuma su suka ba ni ƙarfin halin aikata abin da jahili ba zai aikata ba. Nomau kuwa taubashina ne, ɗan ƙanwar babana. Mun yi shekara sittin muna zagin juna, ba mu taɓa yin faɗa ba.

Kamar kowane ɗan Adar mai ƙafafu biyu, Nomau ya tafi bida, wato ci-rani, Abijan tun yana saurayi. Mu da muka je mun dawo kowa da rediyo da keke da akwatin ƙarfe. Shi ya yi shekara ashirin yana zuwa yana komawa, ranar da ya dawo gaba ɗaya kuma abin da ya fito da shi daga jaka sanduna huɗu ne sirara, kowace da dunƙulen zare a kanta. Na ce masa, "Taubashi, dut Abijan ba ka samu abin sayowa ba sai muciyar aljanu?" Ashe babban kayan yana cikin kunnensa, inda ɗan duwan, mai binciken kaya a bakin iyaka, ba ya bincike.

Aikinsa a can shara ne da gadi a wata makarantar koyon kiɗa. A nan ya ga abin da ake kira marimba. Ga wanda bai taɓa gani ba: itatuwa ne sassaƙaƙƙu a jere, layi biyu, daga dogo mai faɗin tafin hannu har zuwa ɗan guntu, kowane da bututu a ƙarƙashinsa mai ƙara masa murya. Mutum ɗaya ke tsayawa a gabanta, sanda biyu a dama, biyu a hagu. Wata malama ce take zama bayan ɗalibai sun watse tana kaɗawa ita kaɗai, Nomau yana bakin ƙofa da tsintsiya. Da ta gaji da ganin ana share wuri ɗaya kullum, sai ta kira shi ta nuna masa yadda ake riƙe sandunan.

Na tambaye shi, "To wa taka yi ma kiɗin?"

"Ba kowa."

"Wa taka wasawa? Sarki? Attajiri?"

"Ba waƙa ciki, Illa. Ba ƴan amshi, ba rawa. Mutane su zamna shiru, ko tari ba a yi, sai an ƙare."

"To wanga ba kiɗi ba na, zaman makoki na."

Da wasa na faɗa, amma a nan matsalar take. A wurinmu kowane kiɗa yana da mai shi. Manoma suna da gangarsu, mahauta suna da kalangu, ƴan kokowa da nasu. Ka ji kiɗa daga nesa ka san wa ake kira. In aka ce ga kiɗan da ba ya kiran kowa cikin mutane, ɗan Adar ba zai yarda ba ya kiran kowa ba. Zai ce wanda ake kiran ne ba a gani. Ga shi kuma Nomau ba ɗan makaɗa ba ne. Gidanmu tun kakanni hauya muka sani.

Shekara bakwai ya yi yana haɗa tasa marimbar. Ƙirya ya zaɓa, itacen da ake turmi da shi, kuma sai wadda ta mutu a tsaye ta daɗe tana shan rana. Ya bi tuddan Buza da jaki yana ƙwanƙwasa matattun itatuwa yana kanga kunne, makiyaya suna kallonsa suna girgiza kai. Wanda ya fi kowane zurfin murya daga Ibohaman ya samo shi: tsohon gungumen bakin rijiya ne, igiyar guga ta yi masa zane mai zurfin yatsa. Mutanen garin kyauta suka ba shi, don sun ɗauka zautacce ne.

In ya sassaƙa, sai ya haƙa rami ya zuba ƙaiƙayi da busasshen kashin shanu, ya sa wuta marar harshe, ya jera itatuwan a sama yana juya su kwana da kwanaki. Na ce masa Madawa ta yi suna da kilishi, amma ba a taɓa jin na itace ba. Ya ce, "Ruwa nika kora. Muddin da danshi cikin icce, ba shi magana." Bututun ƙasa kuma tiyon ban-ruwan albasa ne, kowane ya yanka shi daidai da itacensa. Matarsa Habsu ce mai naɗa zare a kan sanduna, tana naɗawa tana mita.

Gyaran murya ne ya fi cin lokaci. In ya kankare cikin itacen daga tsakiya, murya ta sauka. In ya rage bakinsa, ta hau. Yakan yi yini guda a kan abin da bai kai ɓawon gujiya ba. Kuma bai bi ma'aunin ta Abijan ba. Ya ce waccan Faransanci take ji, tasa Adarci za ta yi. Daga muryar taɓarya cikin turmi, da waƙar mata a kan dutsen niƙa, da kukan guga in ta faɗa ruwa ya ɗauko ma'auninsa. Bai iya rubutu ba. Ma'aunin nan wuri biyu kawai yake a duniya: cikin kunnensa, da cikin itatuwansa arba'in da biyu.

Ranar da ya ɗora su a kan ƙafafunsu ya kira ni in gani. Na zagaya sau biyu da hannu a baya kamar mai duba makarantu, na ce, "Ta yi kyau. Wa za mu ɗauka bisa?" Ya ce me nake nufi. Na ce ai makara ce. Kafin la'asar sunan ya gama gari: makarar Nomau. Mata suka fara sauri in sun zo ƙofar gidansa. Wannan ita ce gudummawata ta farko ga fasahar zamani.

Kiɗa ɗaya ya tsara mata da dukan zuciyarsa, ya sa masa suna Kori. Mutanen birni, kori shi ne busasshen kwarin da ruwan tudu yake bi. Wanda ya zauna kusa da shi ya san yadda abin yake. Sama tana tas a kanka, ruwa can ya zuba a duwatsun Buza ba ka sani ba. Sai ka ga tsuntsaye sun yi tsit, awaki sun ɗaga kai gaba ɗaya. Sai ka ji wani abu, ba a kunne ba, a tafin ƙafa. Wannan ɗan tsakanin ne Nomau ya mayar kiɗa. Yana farawa daga gungumen rijiyar nan, sanda biyu suna karkarwa a kansa a hankali, ba ka san an fara ba sai dai ka ji cikinka ya ɗaure. Sai ya tsaya. Shiru mai tsawo, hannuwansa a sama. Sai ƙananan itatuwa su fara ɗiga ɗaya-ɗaya, ba yadda ƙafar mai rawa za ta iya bi ba. Sai gurnanin ya dawo, ya ɗan fi na farko kusa. Haka yake ta matsowa yana tsayawa. Kuma ruwan ba ya isowa. Kiɗan yana yankewa daidai inda ya kamata mutum ya ruga.

Sau ɗaya ya kaɗa shi a bainar jama'a, wata la'asar a ƙarshen bazara, ƙarƙashin gawon bakin gari. Mutane sun zo ne su yi dariya. Ba wanda ya yi. A shirun farko wata tsohuwa ta fara salati. A na biyu na ga mutum uku sun waiwaya gabas, wajen kori, ni ma na waiwaya. Da ya gama ba a liƙa masa ko dala ba, kowa ya kakkaɓe riga ya tafi kamar an dawo daga maƙabarta. Bayan kwana huɗu kori ya zo da ruwan da ya cinye lambunan albasa na gefen arewa, da rijiyoyinsu, da shanu biyu. Washegari muna tsaye a gaɓa muna kallon inda gonakin suke a da, ni kuma da ba na iya barin shiru ya zauna lafiya na ce, "Nomau, in za ka sake kira, ka ce mishi shi bi ta gonar mai gari." Na ɗauka za a yi dariya. Sai na ga mutane shi suke kallo, ba ni ba.

Daga ranar marimba ba ta sake fitowa ba. Can ƙuryar ɗaki ya ci gaba da aikinsa, ƴarsa Ramatu kaɗai ta tsaya kusa, ita ta koya. Kafin ta kai aure ta haddace Kori daga farko har inda ya yanke, hannu da hannu, ba takarda. Na kawo rediyona mai kaset na ce a ɗauka. Ya hana. Ya ce bai ƙare ba, in ya ƙare zai kira ni. Tari ya riga shi. Wata biyu ya yi a kwance yana kallon marimbar daga kan tabarma.

Kwana uku kafin ya cika ya sa aka kira ni. Na shiga ina cewa ya tashi ya daina lalaci, an fara yankan gero. Bai mayar mini ba, abin da bai taɓa yi ba. Ya ce, "Illa, Ramatu aure za ta yi ta tahi. Habsu ba ta iya tsayawa gaban maza. Kai aka tsoron bakinka. Ka riƙe min abin ga har yarinyar ta waiwayo shi. Wuta ba ni tsoro, kana nan. Gara nika tsoro."

Wutar ma ta zo. Ba a yi sadakar arba'in ba sai ga wasu, da wani matashi mai wa'azi a gabansu, suna cewa a fito da makarar nan a faskara. Na tare su a ƙofa na ce na riga na sayar wa wani Bature a birnin Tawa, na rantse da abin da bai kamata in rantse da shi ba. Ranar kasuwar Galma, da rana tsaka gari ya yi wayam, na kwance ta, na loda a amalanken jaki ƙarƙashin karan dawa, na zuba ta cikin tsohuwar rufewata, babban rumbun laka da na daina sa hatsi, na liƙe bakin da taɓo. Har yau ina alfahari da wannan rana. Ku bar mini ita, ita kaɗai gare ni.

A shekara ta biyu na ga hanyar gara tana hawan gindin rufewar. Amma ni ba mutumin da zai tsaya yana salati ba ne, na yi aji uku. Kowa a Adar ya san maganin gara: baƙin man da ake juyewa daga injin mota, wanda muke ce wa bidanji. Shi muke shafa wa azarar ɗaki da ƙyauren ƙofa da katakon amalanke, su tsufa gara ba ta ko shinshina ba. Na hau mota zuwa Madawa na sayi galan guda wurin wani makanike a tasha. Ya tambaye ni na mene ne, na ce itace ne mai daraja. Ya ce, "To kak ka yi mishi rowa, Baba. Ka shanya shi rana shi yi zahi, sa'annan shi sha da kyau."

Haka na yi. Na fito da su cikin shingen kara inda ba mai gani, na shanya su har ba a iya taɓawa, na bi su da tsumma ɗaya bayan ɗaya. Ban taɓa ganin itace mai ƙishirwa irin wannan ba, kana shafawa yana shanyewa. Kwana uku ina ba su har galan ya ƙare, suka yi baƙi suna ƙyalli kamar takalmin kwamanda. Ban buga ko ɗaya na ji ba, don maƙwabta suna da kunne, kuma an ce musu abin yana Tawa. Na mayar na liƙe. Har kabarinsa na je na ce masa ya kwanta da daɗi, amana tana hannun mai ilimi.

A shekarun da suka biyo baya nakan zauna in ce, da Nomau zai leƙo, me zai ce? Korin da ya tsorata mu a lokacinsa, yanzu kowace damina sai ya gutsiri wani abu. Bara gawon da ya yi kiɗa a ƙarƙashinsa ya tafi har da saiwa. Ƙirya ta ƙare a tuddanmu, masu gawayi sun bi har kututture. Gangar noma na manta rabon da in ji ta. Samari sun watsu Libiya da Aljeriya da ramukan zinariya, waɗanda suka rage kowa da igiya a kunne yana jin kiɗan da ba a san da hannu aka yi shi ko da inji ba. Wannan duk da sauƙi.

Abin da ba shi da sauƙi shi ne yadda muka koyi magana ƙasa-ƙasa. Ba mu ga komai ba a garinmu, alhamdu lillahi. Ji muke yi. Direbobi suna kawo labari daga arewa, masu albasa suna kawowa daga bakin iyaka: mutane a kan babura, fuska a rufe, sun shiga gari kaza ranar biki, sun fasa ganguna, sun durƙusar da makaɗi a gaban jama'a. Da, sunan garin da ake faɗa ban san shi ba. Yanzu garin da ake faɗa na taɓa cin kasuwarsa. Ba wanda ya hana mu komai, amma a bikin maƙwabcina bana, mai kalangu ya zo ya ci tuwo ya koma da kalangunsa cikin buhu. In babur ya taso daga nesa hira takan tsaya, kowa ya ɗan karkata kai har a gane na wane ne. Ranar nan na dubi yadda muke yi a majalisa, sai na tuna inda na taɓa ganin irin wannan zama: ƙarƙashin gawo, a shirun Nomau na biyu. Mun ce ya kira mana ruwa. Ina jin mutumin nan ba kira yake yi ba. Ji yake yi, ya riga mu ne kawai.

Ramatu ta dawo watan jiya. Mijinta a Abijan yake aiki, shekara goma ba ta taka Adar ba. Ta nemo makarantar da ubanta ya yi shara, ta yi ta zarya har aka bar ta ta taɓa marimbarsu. Ta nuna mini a wayar salula yadda abin ya zama a duniya yanzu: wata siririyar mace daga gabas mai nisa, ita kaɗai a tsakiyar ɗakin da ya fi kasuwar Galma girma, tana ɗaga sanda tana barin shiru ya yi tsawo, ba mai salati, ba mai waiwaye. Na ce ashe Nomau ba zautacce ba ne, garin haihuwa ya ɓata.

Amma Kori ya ƙi hawa marimbar Abijan. Ta ce, "Baba Illa, hannuna ya san hanya, amma in na buga sai wata magana ta hito. Muryoyin Baba suna tsakanin iccensu, ba su da su." Akwai wani tsohon masassaƙi a can da ya yarda zai yi mata sabuwa, in ta kawo masa muryar kowane itace a salula, ɗaya bayan ɗaya. Abin da ya kawo ta ke nan: ta ɗauki muryoyi arba'in da biyu, ta kaɗa Kori sau ɗaya a kan itacen ubanta ta ɗauka, ta koma.

Na gyara hula. Na ce, "Ɗiyata, gobe da hantsi za ki ga abin da aka kira amana."

Da hantsi muka tsaya gaban rufewa mu uku, ni da ita da uwarta. Na fasa taɓon. Wari ne ya fara fitowa, warin garaji. Habsu ta toshe hanci ta ce, "Mushe, mota ka ɓoye ciki?" Na ce kada ta damu, kimiyya ce. Muka jera su a kan ƙafafunsu cikin shinge. Gara ba ta taɓa ko tsinke ba, wannan dai a rubuta mini. Ramatu ta goge tafinta da ya yi baƙi, ta kunna salula ta ba uwarta ta riƙe, ta ɗauko sandunan nan huɗu, ta buga gungumen rijiya.

Ɗuf.

Kamar an jefa dutse kan buhun albasa. Ta sake bugawa. Ta matsa na gaba. Ta bi su duka, ba ta tsallake ko ɗaya ba, ni kuwa kowane ta zo kansa sai in ce a raina wannan zai yi. Da ta kai ƙarshe ta karɓi salular ta kashe.

Na ce a wanke da sabulu. Na ce ko da esansi, man fetur. Na ce a sake gasawa. Ramatu ta ɗauki wuƙa ta ɓantare gefen wani guntu ta miƙo mini. Baƙi ne har zuciya. Mutum ya yi shekara bakwai yana korar danshi daga cikin itace, ni na cike gurbin cikin kwana uku. Ta ce ko wuta ta fitar da man, muryar da za ta dawo ba waccan ba ce, kunnen da zai ce "nan ne" kuma yana ƙasa.

Na ɗauka za ta tafi. Sai ta gyara tsayuwa, ta fara Kori a kan matattun itatuwa. Ba abin da ke fita sai ɗuf-ɗuf da ƙarar zare a kan maiƙo. Tana bi tana rera muryoyin can cikin maƙogwaro, tana ƙoƙarin sa kowace a wurinta. Wasu ta samu. Wasu ta gwada sama kaɗan, ta gwada ƙasa kaɗan, ta wuce, hannu yana tafiya baki a rufe. Na ƙirga irin waɗannan wurare har na daina ƙirgawa. Amma in ta zo wurin tsayawa, ta ɗaga sandunan sama ta riƙe, wallahi sai abin ya dawo gaba ɗaya. Na samu kaina ina kasa kunne wajen gabas, ga shi damina ta wuce, ba ko gajimare. Shirun kaɗai ne ban iya shafa wa mai ba.

To me ya rage na Nomau? Wata guda ke nan ina auna wannan. Itacen yana nan, zai fi ni daɗewa, ba ya cewa komai. Hanyar hannu tana wurin ƴarsa, ba ta ɓata taku ɗaya ba. Muryoyin kuwa wasu suna maƙogwaronta, za ta kai wa tsohon masassaƙin, sauran ta ce sai dai ta cike da kunnenta. Wato Korin da za a ji wata rana a Abijan, in an ji, rabi na Nomau ne rabi nata. Ko wannan gado ne ko asara, ba ni da bakin yanke hukunci. Mu nan abin da ya bar mana shi ne yadda ake sauraron abin da ke tafe, kuma kullum yanzu cikin darasin muke.

Da na iya yin shiru a ranar, da na tsira da ɗan mutunci. Ta sauke sandunan, Habsu tana share ido da gefen lulluɓi. Can wajen hanyar Galma wani babur ya taso, muka saurara har ya wuce. Sai na ga kamar na samu mafita. Na yi gyaran murya na ce, "Ku duba hwa, ƙila wani jinƙai na. Yarinyar ga ta yi kiɗi tun daga hwarko har ƙarshe, ko maƙwabci bai ji ba. Zamanin ga, in mutanen nan na babura sunka iso sunka bincike gari, mi za su iske gidana? Icce baƙi da ba shi magana. Ba wanda za a durƙusar."

Habsu ta gama share idonta. Shekara arba'in ina tsokanar matar nan ba ta taɓa ɗaga mini murya ba, ranar ma ba ta ɗaga ba.

Ta ce, "Sannu da ƙoƙari, Mushe. Su har yanzu suna bisa hanya. Kai ko ka gama musu aikin tun shekara tara, kuma da kuɗin aljihunka ka sai man."